Tsirrai Masu Dogon Rai a Garkar Cikin Gida: Daga Mai-fasa-dutse Zuwa Zogalen Ɗan Gulbi

Kashi na ɗaya: Tsiro mai dogon rai

Tsirran da ɗan Adam ke shukawa sun kasu gida biyu idan aka dubi tsawon ransu. Akwai 'yan shekara ɗaya, irin su hatsi, wake, gyaɗa, kuɓewa, yakuwa da tafasa. Waɗannan da damina suke tsira, da kaka su nuna, kafin ɗari ya kankama sun bushe, baɗi kuma sai an sake jefa iri. Akwai kuma masu dogon rai, waɗanda sau ɗaya ake shuka su ko a dasa, su yi shekara da shekaru ana cin moriyarsu. Zogale, lalle, kuka, magarya, yaɗiya da aguwa duk 'yan wannan gida ne.

Abin da ya raba gidajen biyu yana ƙarƙashin ƙasa. Ɗan shekara ɗaya, duk abin da ya tara cikin ƙwayar iri yake zuba shi, ya mutu ya bar wa 'ya'ya gado. Mai dogon rai kuwa saiwa da gindi ne rumbunsa. Nan yake ajiye ruwa da abinci. In lokacin wuya ya zo ya kakkaɓe ganye ya yi likimo, in sauƙi ya samu ya toho. Saboda haka mai rainon irin wannan tsiro saiwa yake raino, ganye da fure daga baya suke biyowa.

Lokacin wuya kuwa kowace ƙasa da irin nata. A Ɗan Gulbi ta ƙasar Dakoro a Nijar rani ne, wata takwas ko fiye ba ɗigon ruwan sama. A ƙasashen sanyi ƙanƙara ce, wadda ke daskarar da ruwan cikin ƙasa har saiwa ta kasa zuƙarsa. Can ma ke nan ƙishirwa ce ke addabar tsiro, ga ruwa amma ba halin sha. Shi ya sa dabarun tsirran tsaunukan Turai suka yi kama da na tsirran Sahel, kuma mai garka a ƙasar Dakoro na iya tsintar darasi a wurinsu.

(Ɗan gajeren kiɗa)

Kashi na biyu: Mai-fasa-dutse

A tsaunukan Alps da Firenis na Turai, da Kaukasus, da Himalaya, har zuwa ƙarshen arewacin duniya, akwai dangin wasu ƙananan tsirrai da masana ke kira saksifiraga. Sunan daga Latin ya fito, kalma biyu ce aka haɗa, dutse da fasawa, wato mai-fasa-dutse. Wasu sun ce an ba shi sunan ne don a tsagar dutse yake fitowa, kamar shi ya tsaga shi. Wasu kuma sun ce don mutanen dā suna sha ne maganin tsakuwar mafitsara. Dangin ya haura iri 400.

Mafi yawansu tsayinsu bai wuce faɗin yatsu uku ko huɗu ba. Ganyayensu ƙanana ne masu kauri, suna cunkushewa wuri guda su yi tudu kamar an kife ƙaramar ƙwarya a kan dutse. Wannan cunkoso shi ne garkuwarsu. Iska ba ta ratsa shi, ɗumin rana yana daɗewa a ciki, tsofaffin ganyaye kuma in sun mutu nan ƙarƙashi suke ruɓewa su zama taki. Saiwa kuwa doguwa ce, tana bin tsaga har inda danshi yake. Wasu iri da ke zaune a kan dutsen farar ƙasa suna fitar da farar ƙasar ta bakin ganye, har gefen ganyen ya yi fari kamar an zana shi da alli.

Akwai wani mai jan fure da ya ɗan sirka da shuɗi, wanda aka samu yana rayuwa a kan tsaunin Dom na ƙasar Suwizalan, a tsayin kusan mita 4,500. Ƙololuwar Bagzan ta ƙasar Abzin, wadda ta fi kowane tsauni tsawo a Nijar, mita 2,022 ce, ba ta ko kai rabin wancan ba. Wannan iri yana fitowa har a arewacin Girinlan, kuma yankin Nunavut na Kanada ya ɗauke shi furen tambarinsa.

Masu lambun gida a Ingila, Jamus da Kanada sun daɗe suna sauko da waɗannan tsirrai daga tsauni. A Ingila ma tun 1929 aka kafa ƙungiyar masu lambun tsirran tsauni. Yadda suke yi shi ne, su jera duwatsu a gangare, ko su samo tsohon komin dutse na shayar da dabbobi su huda gindinsa. Sai su cika da cakuɗen da kusan rabinsa tsakuwa ce da yashi mai kaushi, sauran ƙasa da ɗan ruɓaɓɓen ganye. A dasa tsiron a matse shi tsakanin duwatsu biyu, a zagaye wuyansa da tsakuwa don kada ganye ya kwanta a kan laka. Ba a cika masa taki, domin taki mai yawa yana sa shi ya yi laushi ya sake jiki. Ana zaɓar masa inda zai sami ranar safe, ya tsira daga ta tsaka. In ana son ƙari, bayan ya gama fure sai a ɓalli ƙananan curin ganye daga gefe a kafa cikin yashi mai danshi har su yi saiwa.

Abin lura shi ne, a waɗannan lambuna ba kasafai sanyi ke kashe shi ba. A tsauni dusar ƙanƙara tana lulluɓe shi kamar bargo, ya yi barcinsa a bushe. A lambun gari kuwa, inda ruwan sama ke zuba da sanyi, ruwa ya kwanta a wuyansa, sai ya ruɓe. Tsiron da ya gagari ƙanƙara, ɗan ruwan kwance ke gamawa da shi.

Mai-fasa-dutse ba zai rayu a Ɗan Gulbi ba, zafin watan Afrilu kaɗai ya ishe shi. Kowa da kiwon da ya karɓe shi. Amma ƙa'idojin rainonsa uku suna aiki ko'ina: a zaɓi tsiron da ya dace da wurin, a gyara wa saiwa wurin zama tun kafin a dasa, a kuma shayar gwargwado ba tare da ruwa ya kwanta ba.

(Ɗan gajeren kiɗa)

Kashi na uku: Ƙasa da yanayin Ɗan Gulbi

Ɗan Gulbi ƙaramar hukuma ce a kudancin gundumar Dakoro, cikin jihar Maraɗi, a ƙasar Kornaka. Tana yankin Gulbin Kaba, tsohon kwarin nan da ya ratso ta Mayayi ya nufi yamma, wanda ya samo suna daga kabar goriba da ta cika shi. Ruwan sama a mafi yawan shekaru tsakanin milimita 300 ne da 500, yana sauka daga Yuni ko Yuli zuwa Satumba. A Afrilu da Mayu zafi yana haura digiri 40. A Disamba da Janairu hunturu ke kaɗawa, dare ya yi sanyi, iska ta bushe ƙarau.

Manoman jihar Maraɗi sun san ƙasarsu da suna. Jigawa rairayi ce mai sauƙin haƙa, ruwa yana shigewa nan take, ba ta riƙe shi kuma ba ta riƙe taki. Geza ta fi tauri, in ta bushe tana ƙin fartanya, in an yi ruwa ya bi ta kanta ya wuce. Fadama ita ce ta kwari, mai laka da danshi. Yawancin gidaje a kan jigawa suke, don haka matsalar garkar cikin gida kishiyar ta lambun Turai ce: can ana ƙara tsakuwa don ruwa ya wuce, nan ana ƙara ruɓaɓɓen taki don ya tsaya. Sai dai inda gida ya faɗo a kan geza ko gindin gangare, can kam ruwan Agusta yana kwanciya, ya kashe tsiro irin kisan da yake wa mai-fasa-dutse.

Ruwan shayarwa kuma da tsada yake, domin rijiyoyin ƙasar Dakoro masu zurfi ne, sai an sha jan guga ko an biya kuɗin famfo. Wannan shi ya sa tsiro mai dogon rai ya fi dacewa da gida. Salak da kabeji kullum sai an ba su ruwa safe da yamma. Zogalen da ya shekara kuwa, ruwan alwala da na ɗaurayar kwanuka ya ishe shi.

Jihar Maraɗi ta riga ta ga ƙarfin saiwa da idonta. A 1983 wani ma'aikacin aikin gona ɗan Ostiraliya, Tony Rinaudo, ya lura cewa 'yan tohon da manoma ke sassabewa kowace shekara kututturan itatuwa ne masu rai, saiwarsu na nan daram a ƙasa. Daga nan aka yaɗa abin da ake kira sassaben zamani: a bar toho biyu ko uku masu ƙarfi, a datse sauran, a kare su. Bayan farin 1984 dabarar ta bazu, har masu bincike suka ƙiyasta cewa ta farfaɗo da itatuwa a kusan hekta miliyan 5 a kudancin Nijar. Abin da aka yi a gona shi ake yi a tsakar gida, sai dai a ƙaramin fili.

(Ɗan gajeren kiɗa)

Kashi na huɗu: Zogale

Asalin zogale arewacin Indiya ne, a gindin tsaunukan Himalaya, amma ya daɗe a ƙasar Hausa har ya zama ɗan gida. A jihar Maraɗi wasu na ce masa tamaka. Ana nomansa sosai a kwarin Gulbin Maraɗi, musamman a filin noman rani na Jiratawa, kuma kasuwarsa tana tashi da azumi. Ban da irin gargajiya, akwai wani mai suna PKM-1 da jami'ar aikin gona ta Tamil Nadu a Indiya ta fitar a 1989, cibiyar bincike ta ICRISAT da ke Sadore kusa da Yamai ta yaɗa shi a Nijar. Yana saurin girma, ganyensa kuma ya fi faɗi.

Wurin dasawa. Zogale ɗan rana ne, a inuwa yakan yi tsawo ba ganye. Amma itacensa gautsi gare shi, iskar farkon damina tana karya shi. Wurin da ya fi shi ne kusa da danga ko katanga da za ta tare iskar gabas, nesa da masai, nesa da inda ruwan indararo ke taruwa. Da yawa suna zaɓar gefen inda ake alwala, kuma sun yi dabara.

Rami. A haƙa shi kamu ɗaya faɗi, kamu ɗaya zurfi, wato kusan santimita 50 kowane gefe. A ware ƙasar sama daban, a cakuɗa ta da tiya biyu ko uku na takin awaki ko na shanu da ya ruɓe sarai, a ƙara tafin hannu biyu na toka. Takin da ya ruɓe baƙi ne, yana marmashewa a hannu, ba ya wari. Ɗanyen taki yana ƙona saiwa, yana kuma kiran gara. A mayar da cakuɗen cikin rami, a zuba ruwa, a bar shi kwana biyu ya zauna. A jigawa a bar bakin ramin ya ɗan yi ƙasa kamar kasko don ya tara ruwa. A geza kuwa a ɗaga shi ya yi ɗan tudu.

Iri ko reshe. Ƙwayar zogale ba ta bukatar wata wahala kafin shuka. A zaɓo daga kwanson da ya bushe a kan uwa, sabo, domin in iri ya haura shekara tsirarsa tana raguwa. A jefa ƙwaya biyu ko uku a zurfin gaɓar yatsa ɗaya, kimanin santimita 2. Cikin kwana 5 zuwa 12 yake tsira. In sun kai tsawon tafin hannu a bar mafi ƙarfi a cire sauran. Ana kuma kafa reshe mai kaurin damtsen yaro, tsawon mita ɗaya, a binne kashi ɗaya cikin uku. Reshe ya fi saurin ba da ganye, amma ba ya yin doguwar saiwar tsakiya, don haka ya fi jin ƙishirwa, iska kuma ta fi tuge shi. Wanda ya fito daga ƙwaya yana yin farar saiwa mai kauri kamar rogo, ita ce tulun da yake sha da rani. Inda ruwa ke wuya, ƙwaya ta fi.

Lokaci. Farkon damina ya fi, bayan ruwa na biyu ko na uku, don saiwa ta sami wata uku tana nitsewa kyauta. Shukar da aka yi da ɗari takan yi nawa, saboda sanyin dare yana tsayar da girmanta.

Tazara. In itace ake so mai ba da ganye da iri, a bar mita 2 zuwa 3 tsakani. In ganye kaɗai ake so, a jera su mita ɗaya-ɗaya a bin danga.

Kariya. Babban abokin gabar ƙaramin zogale akuya ce. Ko gida ba akuya, ta maƙwabta tana nan. Tun ranar shuka a kewaye ramin da ƙayar magarya, ko karan hatsi da aka kafa a matse, ko tsohon kwandon da aka cire wa gindi. Kaji ma suna tone gindi don neman sanyi, 'yan duwatsu ko fasassun tukwane a zagaye sun hana su.

Shayarwa. A watanni biyu na farko, in ruwan sama ya ɗauke, a ba shi kaɗan kullum da yamma. Bayan haka a riƙa tsawaita tsakani ana ƙara yawa. Bokiti guda sau biyu a mako ya fi yayyafi kullum, domin yayyafi yana tsayar da saiwa a sama, ruwa mai yawa kuwa yana jan ta ƙasa. Akwai tsohuwar dabara mai tsimin ruwa: a binne tulun ƙasa har wuya, kusan kamu ɗaya daga gindin tsiron, a cika shi, a rufe baki da murfi. Ruwa zai riƙa tsatsafowa ta jikin tulun a hankali, saiwa ta zo ta rungume shi, rana ba ta shan komai, sauro kuma bai sami wurin ƙwai ba. A shimfiɗa ƙaiƙayi ko busasshen ganye a gindi, amma kada ya taɓa jikin itacen saboda gara. Ruwan wanki mai sabulu da yawa ko omo ba ya cikin abin da ake ba shi. Alamar ruwa ya yi yawa ita ce ganye ya yi ɗorawa alhali ƙasa na jiƙe, gindi ya yi laushi. In an ga haka sai a tsayar da shayarwa, a buɗe wa ruwan hanya.

Datsa. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Zogalen da aka ƙyale yakan miƙe kamar gora, ya yi ɗan ganye can sama inda hannu ba ya kaiwa. In ya kai ƙugun babba, kusan mita ɗaya, a tsinke kansa da farce. Rassa za su fito ta gefe, su ma in sun kai tsawon kamu a tsinke kawunansu. Sau biyu ko uku aka yi haka, ya zama dunƙulallen itace mai yalwar ganye. Tsohon da ya riga ya yi tsawo kuwa, gab da damina a sare shi daidai ƙirji da wuƙa mai kaifi, a karkace saran don kada ruwa ya zauna a kai. Zai toho da ƙarfi.

Tsinka. Wata biyu zuwa uku bayan shuka ana iya fara tsinka, daga nan kuma duk bayan kwana 30 zuwa 45. Ba a yi masa tas, a bar kan reshe da 'yan ganyaye don ya ci gaba da neman abinci. Da hunturu yakan zubar da ganye ya tsaya cak. Barci ne yake yi, a rage ruwa, kada a tuge.

Ƙwari. Akwai wata ƙaramar tsutsa da ke addabar zogale a Nijar, masana na kiranta Noorda blitealis. Tana naɗe ganye da zare irin na gizo-gizo, ta cinye koren ta bar shi kamar rariya. A gida, inda itatuwan ba su da yawa, a riƙa duba ƙarƙashin ganye da safe, a cire wanda ta kama a ƙona. In ta yi yawa a datse rassan gaba ɗaya. Ana kuma daka rabin kilo na busassun 'ya'yan bedi, wato dogon yaro, a jiƙa cikin lita 10 na ruwa ya kwana, a tace, a sa ɗan sabulu, a fesa da yamma, a maimaita bayan mako. Fiya-fiya da sauran magungunan kasuwa marasa takarda haɗari ne a kan ganyen da za a ci gobe. In abin ya gagara, malamin gona ake nema.

Amfani. Ganyen da aka tsinko da safe, uwar gida ta zage shi cikin ƙwarya tana jan kowane sili tsakanin yatsu biyu, ta tsince itatuwan, ta wanke, ta tafasa, ta matse. Sai dakakken ƙuli-ƙuli, albasa, tumatir, yaji, gishiri da ɗan mai, kwaɗo ya haɗu. Ana sa shi a dambu da miya. Busasshen ganyen kusan kashi ɗaya cikin huɗu na nauyinsa furotin ne mai gina jiki, ga sinadarin ƙarfe mai ƙara jini, da na ƙarfin ƙashi, da bitamin A mai taimakon gani. A inuwa ake shanya shi, a kan tabarma mai tsabta inda iska ke ratsawa, domin rana tana cinye bitamin ɗin. In ya bushe a daka, a tankaɗe, a rufe cikin kwalba, a riƙa zuba cokali a kunun yara. Dakakkiyar ƙwayarsa tana kwantar da dattin ruwa mai laka, matan bakin kogin Nilu a Sudan sun daɗe da sanin haka, amma wannan ba ya maye gurbin tafasa ruwan sha. Saiwa da ɓawonta suna da guba, mace mai ciki ta nisance su. Zogale abinci ne, mai ciwon sukari ko hawan jini kada ya ajiye maganin likita saboda shi.

(Ɗan gajeren kiɗa)

Kashi na biyar: Abokan zaman zogale

Kuka. An saba cewa wanda ya shuka kuka ba shi zai sha miyarta ba. Masu bincike a ƙasar Mali sun nuna wata hanya: a shuka ta a fangali kusa da kusa kamar kayan lambu, a hana ta tsawo, a riƙa tsinkar ganye tun tana 'yar watanni. Ƙwayarta tauri gare ta, sai an zuba mata tafasasshen ruwa an bar ta ta kwana ciki, ko an ɗan kankare ɓawon. Muddin ana shayarwa, ana samun ɗanyen ganye har da rani.

Magarya. Ta gida tana jure fari amma 'ya'yanta ƙanana ne. Ana yi mata aure da reshen irin Indiya, kamar Gola da Umran, ta ba da 'ya'ya masu girman ƙwan zabo, waɗanda ake kira tuffar Sahel. Saiwar ta gida ce, 'ya'yan na baƙuwa. Duk tohon da ya fito ƙasa da wurin auren a cire shi, in ba haka ba ya rinjayi baƙuwar. Ana datse ta da bazara bayan an gama cin 'ya'ya.

Lalle. Yana yin shinge mai kyau, ga kuɗin shiga ga mata. Ana jiƙa irinsa 'yan kwanaki kafin a yafa a fangali, a dasa da damina. Ana yankansa sau biyu ko uku a shekara, gindi guda kuma yana haura shekara goma.

Aguwa. Ita ce dangar da ba ta bukatar sabuntawa. A saro rassa a ƙarshen rani, a bar su kwana biyu a inuwa bakin saran ya bushe, sannan a kafa kafin ruwa ya sauka. In aka kafa su cikin laka ruɓewa suke yi. A kiyaye ƙaronta da ido.

Yaɗiya. Ita da kanta take fitowa. In ta tsiro a gindin danga a bar ta ta hau, ganyenta yana nan kore lokacin da ganye ya yi wuya.

Ƙarya. A cikin tsirran Sahel ita ta fi kusa da mai-fasa-dutse a hali. Gindinta a kumbure yake da ruwa, tana son wuri mai tsakuwa, da rani kuma, lokacin da ba ta da ko ganye, take rufe kanta da jan fure. Ba kasafai ake ganin 'ya'yanta ba, sai ta tuna wa mutum karin maganar nan, ƙarya fure take ba ta 'ya'ya. Ana kafa reshenta a tsohuwar tukunya mai hujin gindi, cikin yashi da tsakuwa, a ba ta ruwa jefi-jefi. Ƙaronta dafi ne, har mafarautan dā suna shafa wa kibiya, don haka a ajiye ta inda yara da dabbobi ba sa kaiwa.

(Ɗan gajeren kiɗa)

Kashi na shida: Aikin shekara

Da bazara, daga Afrilu zuwa Mayu, ake haƙa ramuka, a tanadi taki da ƙaya, a datse tsofaffin zogale da magarya, a kafa aguwa. Ƙananan tsirrai a yi musu rumfar kara, a shayar da yamma.

Da damina ake shuka da dashe. A cire ciyawa, a tsinke kawunan zogale, a sa ido kan tsutsa. Bayan kowane babban ruwa a zagaya a ga inda ruwa ya kwanta a buɗe masa hanya.

Da kaka ganye ya fi yawa, lokacin shanya da ajiya ke nan. A tara kara da ƙaiƙayi don shimfiɗa a gindi, a ƙarfafa shinge, domin da zarar an saki dabbobi bayan girbi duk wani kore a gari sun san inda yake.

Da ɗari a tare iskar gabas da zana, a rage ruwa, a tattara busassun kwansuna don irin baɗi. A gindin itatuwan, inda danshi ke saura, ana iya sa 'yar albasa ko na'ana'a su ci arzikin ruwa guda.

Ranin farko shi ne mai wuya. Tsiron da aka shuka a Yuli, in ya ga Yulin da ke biye da rai, saiwarsa ta kai inda rana ba ta kaiwa. Daga shekara ta biyu aikin da ya rage shi ne taki sau ɗaya a farkon damina, datsa sau ɗaya da bazara, ruwa gwargwado, da gyaran shinge.